P0504: Shaidu Biyu a Ƙarƙashin Fedar Birki

A cikin dubban lambobin da kwamfutar mota kan ajiye idan ta ga abin da bai yi mata ba, P0504 na daga cikin waɗanda aka fi yi wa gurguwar fahimta a garejojinmu. Ma'anarta gajeriya ce: saƙonni biyu da ke fitowa daga makunnin birki, wanda ake kira A da wanda ake kira B, ba su dace da juna ba. Iyakar abin da ta ce ke nan. Amma da zarar ta bayyana a fuskar na'ura, sai ka ji an yanke hukunci nan take, wai makunni ya mutu, a tafi Ƙofar Ruwa ko Panteka a sayo sabo. Wani lokacin a dace. Wani lokacin kuma a sa sabon, a goge lambar, bayan kwana biyu ta dawo. Daga nan zargi ya koma kan ƙwaƙwalwar motar, wadda kuɗinta ya ninka na makunnin sau da yawa.

Harshen da waɗannan lambobi ke magana da shi a Amurka aka haife shi, kuma hayaƙi ne sanadinsa. Hukumar kula da tsabtar iska ta jihar Kalifoniya ce ta fara tilasta wa masu ƙera motoci su sa na'urar da za ta riƙa lura da lafiyar inji. Daga motocin 1996 tsarin da ake kira OBD-II ya zama dole ga kowace ƙaramar mota da za a sayar a ƙasar, Turai kuma ta bi sahu a motoci masu shan fetur daga 2001. Da yake yawancin motocin da ke titunanmu daga can suka fito bayan sun gama zamaninsu na farko, kusan kowace 'yar Kwatano tana da soket mai ramuka 16 a ƙasan sitiyari, inda ake jona na'urar karanta lamba. Harafin farko na lambar yana faɗin ɓangaren: P na inji da giya ne, C na birki da ƙafafu da sitiyari, B na jikin mota, U kuma na sadarwa tsakanin kwamfutocin cikinta. Sifilin da ya biyo bayan P yana nufin lambar ta kowa da kowa ce, ma'anarta ɗaya ko a Toyota ko a Peugeot. Da 1 ne a wurin, da ta zama ta kamfanin da ya ƙera motar shi kaɗai. Abin lura shi ne, an tsara lambobin ne don su faɗi layin wutar da aka ga matsala a cikinsa da irin matsalar. Gano abin da ya haddasa ta an bar wa mai gyara.

Shi makunnin ɗan abu ne da bai kai tsawon yatsa ba, a maƙale a saman ƙarfen fedar birki, inda sai ka durƙusa da tocila kafin ka gan shi. Aikinsa a juye yake da yadda mutum zai zata. Lokacin da ƙafarka ba ta kan birki, ƙarfen fedar ne ke danne ɗan tsinken makunnin. Kana takawa fedar ta yi ƙasa, tsinken ya saki, wuta ta wuce, danja ta kama a baya. A motocin da, nan aikinsa ya ƙare. A motocin yanzu kuwa, saƙonsa ne ke buɗe makullin da ke hana giya fita daga P, shi ne ke ba mota mai maɓalli izinin tashi, shi ke kashe na'urar riƙe gudu idan ka taɓa birki a babbar hanya, kuma na'urar ABS da ta hana santsi duk suna sauraronsa. Ɗan hakin da ka raina, in ji Hausawa, shi ke tsone maka ido.

Makullin giyar nan yana da tarihi. A tsakiyar shekarun 1980 aka yi ta ƙorafi a Amurka cewa motar Audi 5000 na zabura da kanta da zarar an sa ta a giya. Binciken da hukumar kiyaye haɗurra ta ƙasar ta fitar a 1989 ya karkata ga cewa direbobi ne ke taka totur a zaton birki suke takawa. Maganin da aka samo shi ne a hana giya motsi sai mota ta tabbatar ƙafa na kan birki. Kamfanoni suka rungumi dabarar ɗaya bayan ɗaya, daga Satumban 2010 kuma doka ta wajabta ta a kan sababbin motoci masu giyar otomatik a Amurka. Wato tun daga lokacin, motar da ba ta ji saƙon makunni ba za ta ƙi tafiya ne da gangan, ko da giyarta lafiya lau take.

To, me ya sa saƙo biyu? Nan ne gaɓar da ta fi burge ni. Abin da aka ɗora wa nauyin rayuka ba a karɓar maganarsa shi kaɗai, kamar yadda alƙali ba ya wadatuwa da shaida ɗaya a babbar shari'a. Saboda haka a cikin kwanson makunnin akwai layi biyu, kuma a motoci da yawa an yi su ne su riƙa faɗin kishiyar juna. Idan ba a taka birki ba, A a buɗe yake, B a rufe. Idan an taka, A ya rufe, B ya buɗe. Kullum kwamfuta na sa ran ta ga wuta a ɗaya, ta rasa a ɗayan. Hikimar ita ce, in da duka biyun abu ɗaya suke faɗi, to ranar da waya ta tsinke ko fulogi ya zare, shirun da za a ji ba shi da bambanci da shirun direban da bai taka birki ba. Amma da aka yi su a juye, rashin wuta a duka biyun yanayi ne da ba zai yiwu a lafiyayyar mota ba. Idan kwamfuta ta ga hakan ya ɗore na ɗan lokaci, abin da bai kai daƙiƙa guda ba a wasu motocin, sai ta rubuta P0504. Ta san ɗaya daga cikin shaidun bai faɗi daidai ba. Wanne ne, kuma me ya hana shi, wannan ba ta da hanyar sani. 'Yan uwan lambar ma haka suke: P0571 na nuni da layin A, P0572 na cewa wutar ta yi ƙasa da yadda ake tsammani, P0573 ta yi sama, P0703 kuma tana magana a kan layin B.

Shi ya sa bincike na gaskiya daga bayan mota yake farawa. Na taɓa tsayawa a kan motar wata abokiyar aikinmu da ta ƙi fita daga P a bakin ofis, gab da magariba. Makanikin da aka fara kira ya jona na'ura, ya ga lambar, ya kuma ga giya ta ƙi motsi, sai ya haɗa biyun ya ce a nemo motar ja, aikin na masu giya ne. Wani dattijo mai gyaran waya da ke wucewa ya tsaya, ya ce da ita, “Hajiya, taka mana birki.” Ya zaga baya ya duba. Danja biyu na gefe ba su kama ba, ta ukun da ke saman gilashi ma haka. Ya ce ƙwai uku ba sa mutuwa rana ɗaya. Ya buɗe akwatin fis, ya zaro wanda aka rubuta wa STOP, ya ɗaga shi sama muka ga ya ƙone. Bai tsaya nan ba, domin fis ba ya ƙonewa haka kawai. Ya bi waya har cikin but, ya tarar da inda aka taɓa yi mata ƙari aka naɗe da leda, ta goge tana taɓa ƙarfe. Makunnin da lambar ta ambata da giyar da aka zarga duka lafiyarsu ƙalau.

Fitilar ta uku da ya duba, wadda ta zama dole a ƙananan motocin Amurka daga 1986, ita ce ma'auni mafi arha a wannan aiki. Idan ta kama amma na gefe suka ƙi, makunni ya yi aikinsa, sai a nemi matsalar a ƙwai ko a wayoyin baya. Idan duka ukun sun mutu, a duba fis, sannan fulogi, sannan makunni. Idan kuwa danja ta ƙi mutuwa ko an kashe mota, har batir ya wayi gari ba wuta, to a leƙa kan tabarmar direba. Sau da yawa za a ga ɓarɓashin roba. Akwai wata 'yar roba mai faɗin kwabo a jikin ƙarfen feda, ita ce ke danne tsinken makunni. Shekaru da zafi kan busar da ita ta farfashe, sai tsinken ya faɗa ramin da ta bari, mota ta ɗauka ana kan birki dare da rana. Masu tsofaffin Honda da Nissan sun san wannan. Akwai kuma ƙwan fitilar da ba nasa ba. Ƙwan danja na motoci da yawa zare biyu gare shi, ɗaya na fitilar dare, ɗaya na birki. In aka cusa mai zare ɗaya a gurbinsa, ko ƙwan LED maras kyau, wuta kan iya komowa ta layin birki, kwamfuta ta ji kamar an taka alhali ba a taka ba.

Sai an kawar da waɗannan kafin a zo kan makunnin kansa, kuma na'urar da ta karanto lambar tana iya taimakawa fiye da yadda ake amfani da ita. Yawancin na'urorin da ake ji da su suna da shafin da ke nuna abin da kwamfuta ke ji a daidai lokacin. A buɗe shi, a taka birki a hankali, a ga ko A da B suna sauyawa tare. Wanda ya tsaya cak, shi ne layin da za a bi da mita: shin wutar batir, wajen bolt 12, tana isowa fulogi? Tana fita idan an taka? In tana shiga ba ta fita, makunni ya amsa laifinsa. In ba ta isowa tun farko, ko makunni goma aka canja ba za a ga sauyi ba.

Ba ina wanke makunnin ba ne, yana mutuwa, har ma da yawa. A 2013 Hyundai da Kia sun janye motoci sama da miliyan ɗaya da rabi a Amurka saboda shi. A 2019 Subaru ta janye fiye da miliyan biyu a duniya, kuma dalilin da ta bayar ya cancanci a tsaya a kansa: tururin silikon da ke fita daga wasu kayan goge-goge da na ƙamshi yana shiga kwanson makunnin, ya bar wani ɗan datti a kan ƙarafan da ke haɗa wuta, har su daina haɗawa. Duk wanda ya ga yadda ake fesa man sheƙi a gaban mota a wuraren wankinmu zai fahimci abin da ya sa wannan bayani ya tsaya mini a rai. Irin wannan lalacewa ba ta zuwa gaba ɗaya. Yau danja ta kama, gobe ta ƙi, jibi ta kama, kuma ita ce mafi haɗari, domin mota na tashi, giya na shiga, direba bai san komai ba. A wasu motocin ma P0504 ba ta kunna fitilar gargaɗi a gaban direba, tana nan a ajiye sai an jona na'ura. Wanda ke bayanka da daddare a hanyar Zariya, da tirela cike da kaya, danjarka kaɗai ke gaya masa ka rage gudu.

Abin da na fi jin haushinsa a wannan harka shi ne saurin goge lamba. An mayar da shi kamar shi ne gyaran: a jona, a danna, fitila ta mutu, a karɓi kuɗi. Tare da lambar da ta kunna fitila, kwamfuta kan ajiye hoton yanayin da mota ke ciki sa'ad da abin ya faru, gudunta da zafin injinta da sauransu, kuma gogewa na tafiya da shi duka. Haƙƙin mai mota ne ya ce a rubuta masa lambar a takarda, ko ya ɗauki hoton fuskar na'urar da wayarsa, kafin a taɓa komai. Haka nan ɗan murfin da ke kusa da sandar giya, wanda ake ɓallewa a danna don a fitar da mota daga P, an yi shi ne don a kai ta gareji. Na san masu mota da suka mayar da shi hanyar tashi ta kullum, suna yawo wata da watanni ba danja.

Idan bincike ya tabbatar makunnin ne, sa sabo ma yana da ƙa'ida. Wasu ana murɗa su ne har tazarar da ke tsakaninsu da feda ta yi daidai. In ya matse da yawa danja za ta makara, in ya yi sako-sako za ta riƙa kamawa a kan gargada, kuma kowanne na iya dawo da lambar. Wasu kuma suna saita kansu ne a karon farko da aka ɗaura su, shi ya sa na hannu da aka ciro daga wata motar kan ba da wahala. Sababbin motoci da dama sun bar tsinke da ƙarafa, sun koma na'urar da ke auna nisan da feda ta yi, kuma wasunsu sai an koya wa kwamfuta matsayin fedar da na'ura bayan an canja. Daga nan a goge lambar, a zaga gari da motar, a sake jonawa a duba har da lambobin da ke jiran tabbaci. Direban da ba shi da mai tsaya masa a baya kuwa, ya ja motar da baya kusa da bango bayan isha'i, ya taka birki sau biyar ko shida yana duban madubi, ya tabbatar jan haske uku ne ke bayyana a kowane taku.