Muryar Kakarmu a Cikin Adaka

Ranar da muka buɗe adakar mahaifinmu, Allah ya jiƙansa, a gidanmu da ke Sabon Ibadan, mun tarar da kaset goma sha ɗaya ƙulle cikin tsumma. Saƙonnin kakarmu ne, waɗanda takan aiko masa daga Kano ta hannun direbobin goro. Ita ba ta yi boko ba, amma muddin akwai rakoda a gabanta, ba ta neman mai rubuta mata wasiƙa. Muna yara akan tara mu bayan sallar lisha a kunna, sai muryarta ta cika ɗaki: "Ina mazajena? Kuna dai zuwa makarantar allo ko?" Daga nan ta shiga jero sunayen kakanni, da garin da suka taso, da abin da ya raba su da shi.

Murnarmu ba ta je ko'ina ba, domin duk gidan babu abin da za mu saurare su da shi. Kaset ɗin da kamfanin Philips ya fito da shi a 1963, wanda ya ture faifan garmaho a gidajenmu, shi ma faifan CD da wayar salula sun ture shi. Haka kaset ɗin bidiyo na bukukuwanmu: tun 2016 kamfanin Funai na Japan, wanda shi ne na ƙarshe, ya daina ƙera na'urar kallonsu.

Da ƙyar muka samu wani dattijo mai gyaran rediyo da ke da tsohuwar rakoda. Laimar daminar kudu ta riga mu: uku sun yi fumfuna, ɗaya kuwa rakodar ta tauna zarensa, muna ta naɗewa da biro amma ina! Bakwai muka tsira da su, muka juye a kwamfuta. Wanda ke ɗauke da jerin sunayen kakanni yana cikin waɗanda suka salwanta.

A nan jikinmu ya yi sanyi. Kakarmu a ka ta riƙe sunayen nan har ta tsufa. Mu kuwa da muka ji su sau da yawa ba mu haddace ko rabi ba, saboda mun dogara da cewa suna cikin kaset.

Saboda haka, 'yan'uwa, wanda ke da irin wannan ajiya ya hanzarta juye ta, ya rarraba wa dangi, domin wayar da ke hannunmu ma akwai ranar da za a ture ta. Sannan ya zaunar da yaransa ya faɗa musu da bakinsa. Mu dai sunaye huɗu suka rage mana, kuma mun soma koya wa namu.