Yini guda a kasuwar Talata Mafara, a bayan dillali

1/
Zare ne mai ɗan tsawo, ku yi haƙuri da ni. 🧵

Garuruwa kaɗan ne a ƙasar Hausa suka ɗauki ranar kasuwarsu suka maƙala a sunansu. Talata Mafara na ciki. A baki ka ce "Mafara" kowa ya gane, amma a takarda sai da Talatar. Kasuwar ce ta raɗa wa garin rabin sunansa.

2/
Da yawanmu 'yan Zamfara ta tagar mota kawai muka san kasuwar nan. Ka taso daga Gusau za ka Sakkwato, ka wuce Bungudu, Maru, Mayanchi, sai ka faɗa cunkoso: tirela, amalanke, awaki, direba na ta tsaki. Iyakar saninmu ke nan, wurin da ake ɓata wa matafiyi lokaci.

3/
Abin da ya ja mu ciki bidiyon ƙasar Tailan ne. A hostal an yi ta yawo da na kasuwar Maeklong, wadda jirgin ƙasa ke ratsa tsakiyarta, masu kaya su naɗe rumfa ya wuce, su sake shimfiɗawa kamar ba a yi ba. Da ta Damnoen Saduak, inda ake ciniki cikin kwalekwale. Baƙi na biyan kuɗi a kwaso su daga Bankok da sassafe, a haɗa su da ɗan jagora, su zaga, a mayar da su otal kafin dare.

4/
Abokinmu ɗan Mafara ya ce abin dariya ne mutum ya biya kuɗi don ya kalli mai sayar da kayan miya. Muka ce to kai mu taku mu gani. Ya ce shi bai isa ba, amma kawunsa ya isa. Kawun dillalin hatsi ne, tun kafin a yanke Zamfara daga Sakkwato a 1996 yake cin kasuwar nan.

5/
Mu huɗu ne, hutun semesta, tsakiyar hunturu. A gida sai da aka yi ta lallashi. Ba laifinsu ba ne: Jangebe, inda aka kwashe 'yan matan makaranta a Fabrairun 2021, a ƙaramar hukumar Talata Mafara take. Uwa ba ta manta irin wannan. Sai da Kawu ya yi magana da Umma a waya da bakinsa sannan aka bar ni.

6/
Kafin mu taka ciki ya tsayar da mu bakin titi, ya dube mu sama da ƙasa, da jakunkunan baya da farin takalmi.

"Samari, waya ta zamna aljihu. Kuma kada ku tambayi mutum garin da yah hito. In shina so shi hwaɗi, shi hwaɗi da kai nai."

Ni da na zo da cikakken caji don hoto, sai na ji wani iri.

7/
Dalilin mai sauƙi ne. A kasuwar da kowa ke tsoron ɗan infoma, baƙon fuska da ke ɗaga waya yana nuna shanu ko buhunan wani, ba wanda zai ɗauke shi ɗan yawon buɗe ido. Wannan ne bambanci na farko da Tailan. Can kamara ita ce ke kawo kuɗi. Nan tana iya jawo maka taro.

Shi ya sa zaren nan babu hoto ko ɗaya. Ku yi maneji da baki.

8/
Layin hatsi muka fara. Gero, dawa, masara, wake, shinkafa shanshera da gyararriya. Kawu na tafe yana gaisawa, kowane taku uku sai an tsaya. "Ɗiyana na, 'yan makaranta." Wannan kalmar ita ce tikitinmu. Da ya faɗe ta sai idon da ke binmu ya sauka, wani ma ya turo benci.

9/
Ya nuna mana yadda ake duba buhu ba tare da an kwance shi ba. Akwai ƙarfe mai rami da ake soka wa buhun, ya fito da ƙwaya daga ciki, don na sama kowa ya iya gyara shi. Ya zuba a tafin hannu, ya hura, ya ciji ɗaya. Daga ƙarar cizon ya san ko ya bushe. Na ciza nima, ni dai gero na ji.

10/
Ciniki kuma yana da nahawunsa. Mai saye ya taya, mai kaya ya ce "albarka", wato a ƙara. A yi ta hawa har a ji "na sallama". Daga nan magana ta ƙare, ko da wani zai zo da ninki. Babu takarda, babu sa hannu. Dillali ne shaidar, la'adarsa kuma ladan tsayawa tsakani ce. In kaya suka fito da algus, shi ake nema, ba manomin da ya riga ya hau mota ba.

11/
Amma abin da ya sa nake rubuta zaren nan ba cizon gero ba ne.

Mun iso wani fili a ƙarshen layin, ƙasa a share, 'yan buhuna a gefe guda. Da ni kaɗai ne, wucewa zan yi. Kawu ya tsaya ya ce a nan mutanen wasu ƙauyuka na cikin daji ke sauke kaya, da can sai ka haura buhu kake wucewa. Ya lissafo ƙauyukan da yatsa. Wasu sun tashi. Wasu suna nan amma ba su nome gonakin nesa ba.

12/
"Waɗanda sunka noma kuma, sai da sunka biya kahin su girbe."

Harajin 'yan bindiga yake nufi, wanda duk mai sauraren rediyo a Zamfara ya san labarinsa. Abin da ban taɓa haɗawa a kaina ba shi ne kuɗin nan ba a daji yake tsayawa ba. Yana biyo buhu har kasuwa, ya shiga tiya, ya biyo tiyar har tukunyar ɗalibi a Gusau ko Sakkwato. Muna cewa "abinci ya yi tsada" kamar daga sama tsadar ta faɗo.

13/
Daga nan sai na lura yadda yake kallon kasuwa daban ne. Mu muna ƙirga abin da ke akwai, shi yana ƙirga wanda bai zo ba. Motar da ta saba isowa da hantsi ba ta iso ba, sai ya tambayi 'yan kamasho. Masu nono sun yi kaɗan yau, to akwai magana a wata hanya. Kafin labari ya kai gidan rediyo, layin hatsi ya riga ya ji.

14/
Ɓangaren da ya cika maƙil shi ne na kayan lambu. Dankali tsibi-tsibi, albasa, tumatir, tattasai, rake an jingine shi kamar shinge. Yawancinsu albarkar ruwan Bakolori ne, dam ɗin da ke kan kogin Sakkwato ta wajen Maradun, wanda magudanansa suka ratsa gonakin Mafara da Bakura. Inda ruwa yake kuma kusa da titi, noma bai tsaya ba.

15/
Ruwan nan ba a banza ya zo ba. Kamfanin Italiya mai suna Impresit ne ya gina dam ɗin, aka gama a 1978. An tashi dubban mutane, gonaki sun nutse, maganar diyya ta cije. Manoma suka tare hanyoyin aikin. A Afrilun 1980, zamanin Shagari, 'yan sandan kwantar da tarzoma suka buɗe musu wuta. Hukuma ta faɗi adadi kaɗan, mutanen yankin suna maganar ɗaruruwa.

16/
Kawu yaro ne lokacin. Bai ja maganar ba, ya ce dai akwai gidajen da har yau ba a son a tayar da ita. Ni kuma abin da ya tsaya min a rai, na yi firamare da sakandare a jihar nan, ba a taɓa ambata mana Bakolori a aji ba sai a matsayin "babban dam". A bakin tsibin dankali na fara jin sauran.

17/
Mun ci hoce da ƙuli a wata rumfa, muka kora da fura. 'Yan Kano da ke tambaya mene ne hoce, ku zo ku ci, ba a bayaninsa. 😂

18/
Sai kara. Nan ne Kawu ya rage fara'a, ya miƙa mu hannun wani abokinsa dillalin dabbobi, don kowane layi da masu shi. Ya buɗe bakin sa ya nuna mana haƙora, yadda ake gane shekaru. Ya ce aikinsu yanzu rabi ciniki ne, rabi bincike: wa ya kawo dabbar, wa ya san shi, wa zai tsaya masa. Dillalin da saniyar sata ta bi ta hannunsa, sunansa ya mutu, in ma abin ya tsaya nan.

19/
Kan wannan ne gwamnati ta rufe kasuwannin mako-mako a faɗin jihar a Satumban 2021, ta hana safarar dabbobi, aka kuma katse layukan waya. Manufar a toshe wa 'yan bindiga abinci da mai da wurin sayar da shanun sata. Na tuna lokacin, mu damuwarmu rashin data ce.

20/
A Mafara damuwar ta wuce nan. Ɗan dako, mai amalanke, mai ruwa, mai awo, mai tuyar ƙosai, yawancinsu cinikin Talata ɗaya ke riƙe su har wata Talatar. Kawu ya ce makonnin nan ya ga magidanta sun fito ranar Talata da safe sun zauna a rumfunan da babu komai, don ƙafa ta saba. Ban da ra'ayi mai ƙarfi kan ko matakin ya yi aiki a daji. A gari dai talaka ne ya fara jin sa.

21/
Wani abu a gefe, don ba zan iya shiru ba. Yarima ɗan Bakura ne, ya yi gwamna 1999 zuwa 2007. Yari ɗan Mafara, 2011 zuwa 2019. Matawalle ɗan Maradun, 2019 zuwa 2023. Shekara 20 cikin 24 mulkin jihar na hannun ƙananan hukumomin nan uku da ke maƙwabtaka. Ku riƙe wannan lissafin a rai ranar da kuka ga mai nono na tattara ƙwaryarta tun azahar don kada yamma ta same ta a hanya.

22/
Bayan azahar ya ɗauke mu a mota muka ɗan nufi wajen Bakura, muka ga magudanan ruwa da masu dashen shinkafa, kore shar a tsakiyar rani. Mun so a kai mu bakin dam ɗin kansa. Ya dubi rana, ya buga waya ɗaya, ya ce "ba yau ba". Ba mu yi musu ba. Jagoran da ya san inda ba a zuwa ya fi min wanda ya haddace tarihi.

23/
Mu koma Tailan kaɗan. Abokinmu da ya yi dariya yana da gaskiya ta wani ɓangare. Damnoen Saduak yanzu galibi tsarabar baƙi ake sayarwa, kasuwar ta zama abin kallo. Ba na fata Mafara ta koma haka, a jera mai nono don a yi hoto da ita. Tamu mutane ke ci, ba 'yan kallo ba.

24/
Abin da na yi musu hassada a kai ɗaya ne. Baƙo daga wata nahiya ya shiga mota da asuba, ya je kasuwar ƙauye, ya dawo, uwarsa ba ta kira shi sau bakwai ba. Ɗan jagoransu bayani yake sayarwa. Namu mutuncinsa na shekara talatin ya jingina a kanmu, da ɗayanmu ya yi wauta shi za a tuhuma ranar Talata mai zuwa.

25/
Masu tambaya ta DM ko za su iya zuwa: ku je da ɗan gari wanda kasuwa ta san fuskarsa, ba wanda ya san hanya kawai ba. Ku riƙe tsabar kuɗi, masu POS na nan amma mai hoce ba ta san turansifa ba. Ku sa takalmin da ba ku jin tausayinsa. Ku tambayi halin hanya a ranar, ba jiya ba.

26/
Mun haɗa 'yan kuɗi za mu ba Kawu, ya ɓata rai. "La'ada ga kaya aka amsa tai, ku kaya na?" Abokinmu ya raɗa mana mu sayo goro. Fari ya fi so. Ya karɓa, ya raka mu tasha, ya zaɓar mana direba da kansa, ya karɓi lambarsa. La'asar a Maru ta same mu, da buhun dankali rabi a but da rake biyu a kan cinya.