Baƙin da Suka Zama 'Yan Gari

Yaron da ya tashi a cikin birnin Kano a shekarun 1970, aike ne ya fara koya masa faɗin duniya kafin malamin firamare ya buɗe masa taswira. A gidanmu ni ne ɗan aike, don ƙafata ta fi ta yayyena sauri, kuma ba na tsayawa kallon 'yan langa. Yau a ce Tudun Nufawa, gobe Zangon Barebari, jibi Agadasawa ko Dandalin Turawa, wata rana a tura ni can Ayagi, in dawo ƙafa fururu da ƙura. A lokacin sunayen nan ba su ce mini komai ba, lunguna ne kawai da soraye da kududdufai. Sai da gemu ya fito na lura cewa kusan kowace unguwa da nake ratsawa sunan wasu mutane take ɗauke da shi, mutanen da suka zo daga nesa suka sauke kaya, ba su kuma ɗauka ba.

Mu kanmu haka muke. Kakan mahaifina daga Bida ya zo, masaƙi ne. Babu wanda ya ɓoye wannan, babu kuma wanda ya ɗauke shi abin magana. Nufancin da ya rage a gidan bai wuce gaisuwa biyu ba, da wani zagi guda da wata tsohuwa take yi idan akuya ta shiga mata ɗaki.

Abin ya daɗe. Littafin tarihin sarakunan Kano ya ce a zamanin Sarki Yaji (1349 zuwa 1385) Wangarawa suka iso daga Mali da Musulunci da salla, kuma har yau ana danganta Madabo da Zaitawa da su. Muhammadu Rumfa, wanda ya yi sarauta daga 1463 zuwa 1499, shi ya kafa kasuwar Kurmi, a zamaninsa kuma Shehu Magili ya zo daga ƙasar Magrib, ya bar zuriyar da ake kira Sharifai. Fataken Larabawa daga Gadamus da Tarabulus suka zauna a wajejen Dala da Dandalin Turawa. Bajamushen nan Barth, da ya shigo a 1851, ya tarar da su da gidajensu da kasuwancinsu. Yarbawa suka kafa Ayagi a ƙarni na 19. Agalawa, waɗanda asalinsu ke komawa ƙasar Buzaye, suka riƙe fataucin goro zuwa Gwanja, daga cikinsu Alhassan Ɗantata ya fito, ya rasu a 1955 ana lissafa shi attajirin da ya fi kowa a Afirka ta Yamma. Wa zai tsaya yau ya ce gidan Ɗantata ba Kanawa ba ne?

Amma ni ta ciki na fara sanin wannan tarihi. Akwai wata Hajiya a wajen Jakara da nake sayo mana gurasa a gidanta, fara sol, mai dogon hanci, jikar Larabawa. Tun asuba take hura kara a cikin tanderu har cikinsa ya yi ja, ta ɗebo kwaɓin alkama da hannu, ta jiƙa tafinta, ta zura hannu cikin wutar nan ta manna shi a jikin tukunyar, ta zaro kafin ka ƙifta ido. Gashin hannunta duk ya ƙone tuntuni. Idan na yi sa'a ta samu wadda ta ɗan ƙone a gefe, sai ta miƙo mini ta ce, "Ungo, ɗan Nufawa, ka ci a hanya, kada ka taɓa ta mutane." Gurasar nan da bandashenta, da alkaki da alkubus, yau su ne abin da Bakano yake taƙama da su idan ya je Kaduna, alhali ayarin raƙuma ne ya kawo su.

Kakata ta wajen uwa Bafulatana ce, muna ce mata Goggo. Wani dattijo Babarbare mai sayar da huluna a Kurmi yakan biyo ta ƙofar gidanmu, ya tsaya a zaure ya ɗaga murya: "Ina baiwar tawa? Yau ma ba a dama mini fura ba?" Goggo daga tsakar gida za ta amsa, "Malam, bawa ba ya yi wa uwargijiyarsa kirari da rana tsaka. Shigo ka share mini gida tukuna." Idan watan Cika-ciki ya kama, sai rigimar kuɗin shara ta tashi, kowa na cewa ɗayan ne zai biya. Haka Katsinawa suke yi da Nufawa, Gobirawa da Yarbawa, mu Kanawa da Zazzagawa. Na daɗe ina ganin wasan nan hikima ce babba. Bambancin ba a binne shi ba, kullum ana tono shi a bainar jama'a, ana yi masa dariya har dafinsa ya fita. Ranar da Goggo ta rasu, tsohon nan yana cikin waɗanda suka ɗauki makara.

Ko a addini ba kanmu ɗaya ba. Mahaifina Batijjane ne, yana kabalu. Ƙaninsa Baƙadire ne, yana sadalu, ba ya fashin Maukibin da ake tasowa daga gidan Malam Nasiru Kabara. Sukan yi musu har jijiyar wuya ta tashi, a kawo tuwo su sa hannu a akushi ɗaya. Ba zan ce ba a taɓa faɗa a birni kan irin wannan ba, an yi, kamar yadda aka yi tsakanin 'yan jam'iyyun NEPU da NPC. Sai dai wanda za ka ɗaga wa sanda, idan ka duba da kyau, surukin yayarka ne ko mai bin babanka bashi.

To, kewa tana da daɗin baki, kada ta ruɗe mu. Birni ya karɓi baƙi, amma da sharaɗin da ba a faɗa: ka fuskanci alƙibla, ka bar 'ya'yanka su tashi da Hausa. Cikin jikoki biyu harshen kakanni ya tafi, sunan unguwa kaɗai ya rage. Maguzawa, waɗanda suka riga kowa zama a ƙasar, suna can ƙauye, a birni sai dai a yi misali da su. Da Turawa suka ci Kano a 1903, jirgin ƙasa ya iso a 1911, sai ga wasu baƙin na daban, ma'aikata da 'yan kasuwa daga kudu, da yawansu Kiristoci. Aka yanka musu Sabon Gari a wajen ganuwa. Turawan mulki sun so haka, masu gari ma ba su ƙi ba. Kwarori kuma suka zauna a gefen Fagge da kantunansu. Ganuwar da aka gina don tare mahara ta koma iyaka tsakanin maƙwabta.

Mukan je Sabon Gari sayen takalmin makaranta idan hutu ya ƙare. Akwai wani Inyamuri da mahaifina ya saba da shi, Hausarsa ta fi ta wasunmu karin magana, yana ce wa babana "Alhaji na", yana ba shi kaya bashi ba rubutu. Shekara da shekaru suna ciniki, amma babana bai taɓa sanin ƙofar gidansa ba, shi ma bai taɓa taka zaurenmu ba. Ba su da wasa a tsakaninsu, ba auratayya, ba zaman makoki. Ciniki ne zalla. Da wuta ta tashi a watan Mayun 1953, da 1966, da Oktoban 1991 lokacin zuwan mai wa'azin Kirista Bonnke, ta wannan tsagin ta bi. Ban taɓa jin an ɗauki makami an nufi Ayagi don kakanninsu Yarbawa ne ba. Mutanen Ayagi surukai ne. Na Sabon Gari abokan ciniki ne kawai, kuma abokin ciniki ana iya manta fuskarsa a ranar tashin hankali.

Bara na kai ƙaramin ɗana neman takardar shaidar zama ɗan ƙaramar hukuma, don shiga jami'a. Mai unguwa ya sa hannu, aka buga hatimi, ba wanda ya tambaye mu Bida. A kan benci muka zauna da wani saurayi haifaffen Sabon Gari, wanda ya ce mini kakansa aikin jirgin ƙasa ne ya kawo shi Kano, a nan aka haifi ubansa, a nan aka binne su duka biyun. An ce masa ya tafi garinsu ya karɓo. Ya juyo ya dube ni, da Kananci tsantsa ya ce, "Baba, wallahi ko tashar da ake hawa motar garin ban sani ba."