Zalika Souley: Ladan Ƙaramar Tauraruwa

A darasin nazarin wasan kwaikwayo, ɗalibi yakan koyi raba 'yan wasa gida biyu: babban tauraro, wanda labari yake zagayawa a kansa, da ƙananan taurari, waɗanda suke tallafa masa. Rabon yana da amfani wajen amsa jarrabawa, sai dai yana ɓoye wani abu. Sau da yawa ƙaramin tauraro ne yake ɗauke da muguntar da take tafiyar da labari, kuma shi ne mai kallo yake fita daga sinima yana tsine wa. Rayuwar Zalika Souley ta Nijar ta isa misali.

An haife ta a Yamai a 1947. Tana 'yar shekara 19 Moustapha Alassane ya sa ta a fim ɗinsa Le Retour d'un aventurier na 1966, labarin saurayin da ya dawo daga tafiya da kayan kaboyi, ya rarraba wa abokansa, suka hau dawaki suka addabi ƙauyensu. Ita kaɗai ce mace a cikin gungun, sanye da wando da malafa. A Yamai ta wancan zamani, wannan shiga kaɗai ta ishi 'ya mace abin gori.

Daga nan ta zama 'yar wasan da Oumarou Ganda yake yawan nema. A Cabascabo, labarin tsohon sojan Faransa da ya dawo gida daga yaƙin Indocin, tana cikin waɗanda suka kewaye shi har kuɗinsa suka ƙare. A Le Wazzou polygame, inda wani Alhaji ya ƙaro amarya ba da son yarinyar ba, ita ce kishiyar da kishi ya kai ga zubar da jini. Hausawa na cewa kishi kumallon mata ne; Zalika ta nuna ranar da kumallon ya fi ƙarfin mai shi. Wannan fim ne ya ci babbar kyautar bikin FESPACO a Wagadugu a 1972, shekarar da aka fara bayar da ita. Sunan da aka rubuta a jikin kyautar na darakta ne.

Abin da ya zama rabonta shi ne bakin mutane. Masu kallo da yawa ba su saba raba mutum da rawar da ya taka ba, don haka suka ɗauki karuwa da makira da suka gani a bango su ne Zalika ta cikin gari. Iya wasanta ya zama hujja a kanta: da ta yi shi da sanyin jiki, da babu wanda ya gaskata, da kuma an bar ta ta zauna lafiya.

Ganda ya rasu a 1981, shekara guda bayan fim ɗinsa L'Exilé, wanda ita ma ta fito a ciki. Daga nan sana'ar fim ta Nijar ta yi ta ja da baya, gidajen sinima suka riƙa rufewa. A 2004 Rahmatou Keïta ta fitar da Al'lèèssi, fim na tarihin rayuwarta, wanda ya nuna ta da 'ya'yanta a wani ɗan gida a Yamai, ba ruwan famfo, ya kuma bayyana cewa ta fita ƙasar waje tana aikatau. Ta rasu a watan Yuli na 2021.

Wannan ƙaddara ba baƙuwa ba ce a ƙasar Hausa. Har gobe, wadda ta ƙware wajen fitowa a muguwar kishiya ko uwar miji mai bin boka a finafinan Kano, takan sha kallon banza a kasuwa da gidan biki. Ɗalibin da ya zo nazarin taurari, ya dace ya tsaya a kan irin waɗannan: wa ya ƙulla rikicin, wa ya sa mai kallo ya tausaya wa babban tauraro, kuma me hakan ya jawo wa mai rawar bayan an kashe fitila? Allah ya jiƙan Zalika.