Zomo a gidan haya

Jama'a, yau ba maganar albashi zan yi ba, ko da yake duk tafiyar ɗaya ce. Tun da aka cire tallafin man fetur a 2023 na lura abokan aiki da dama sun shiga kiwon zomo, wasu don nama, wasu don yara. Mu namu na yara ne, autarmu ce ta kafe sai da aka saya mata. To wanda ke zaune a gidan haya, ɗaki biyu da falo, ya san ba kuɗin abinci ke raba mutum da zomo ba, zarnin fitsari ne. Uwargida dai wa'adin wata ɗaya ta ba mu: ko ya koyi tsafta, ko ya shiga tukunya.

Shi zomo tun asali mai tsafta ne. Da kansa yake zaɓar lungu ɗaya ya riƙa fitsari a wurin. Aikinka ka sa masa ido kwana biyu, ka ga lungun da ya zaɓa, ka ajiye masa roba mai faɗi marar zurfi a nan. Kai za ka bi shi, ba shi zai bi ka ba. Mu ma'aikata ai mun san wannan: sau nawa ake zama a ofis a yanke inda za a ajiye kwandon shara, jama'ar unguwa kuma su ci gaba da zubawa inda suka saba?

A ƙasan robar na shimfiɗa tsofaffin jaridu, a sama na zuba busasshiyar ciyawa. Ciyawar nan ita ce sirrin, domin zomo yana cikin ci yake kashi. Duk ƙwayar kashin da ya yar a waje a tsince a mayar cikin robar, warin ne zai nuna masa wurin. Inda ya yi fitsari a kan tayil kuwa a goge da ruwan khal da aka sirka da ruwa, yana kashe zarnin, ya cire farin tabon nan mai kama da alli. Duka ba ya aiki ko kaɗan, tsoronka kawai zai riƙa ji.

Namu cikin sati biyu ya daina fitsari a falo. Kashi kam sai haƙuri, dabbar da ke fitar da ƙwaya 200 zuwa 300 a rana dole wasu su kuɓuce. Amma busasshe ne, tsintsiya ta wadatar, ga shi taki mai kyau ga tumatirin da muka shuka a buhu.

Sauran rigimar ita ce balaga. Tsakanin wata 4 zuwa 6 namiji yakan fara fesa fitsari a bango don nuna yankinsa, sai ka rantse bai taɓa koyon komai ba. Maganin shi ne fiɗiya, kuma a wajen likitan dabbobi da ya saba da zomo, don allurar barcinsu tana da haɗari a hannun wanda bai ƙware ba. Namu ya shiga wata na huɗu, tuni na fara ware kuɗin.