Abotar da Ake Ƙullawa a Fage

Duk wanda Allah ya ja da ransa zai lura cewa abokan cin tuwo da na kasuwa sukan zube a hanya. Waɗanda ke rage wa mutum har furfura su ne waɗanda ya yi gumi tare da su, a gona ko a fagen wasa. Wannan ne abin da shekaru suka koya mini a Hunkuyi, kuma shi nake so jikokina da tsararrakinsu su ji.

A zamaninmu, in an idar da sallar isha'i kuma ga farin wata, dandali ne makarantar dare. 'Yan mata su jeru suna tafi suna gaɗa. Ɗaya ta fito tsakiya ta taka, sannan ta ba su baya ta saki jikinta gaba ɗaya, su kuma su cafe ta su cilla ta sama. Ba ta waiwaye, domin ta san hannuwa na jiran ta. Ita ta koyi yarda da mutane, masu cafewa sun koyi riƙon amana, ba tare da wani ya zaunar da su ya yi musu wa'azi ba. Mu maza kuwa langa muke yi. Kowa ya kama ƙafa ɗaya, akwai wanda ake kira ruwa, aikin sauran su kare shi har ya kai. Ƙaƙƙarfan da ya bar ruwa ya tafi neman suna shi kaɗai, shi ke sa a ci ɓangarensu. Da damina gangar noma ta tara mu a gayya, da kaka kalankuwa ta haɗa ƙauyuka. A irin waɗannan wurare yaro ke samun wanda zai zama babban abokinsa ranar aure, yarinya ta sami ƙawar da za ta raka ta ɗakin miji.

Da na girma, sayar da rake da mazarƙwaila ya riƙa bi da ni ta hanyar Basawa zuwa Samaru. A can, cikin Jami'ar Ahmadu Bello da aka kafa a 1962, na fara ganin ƙwallon kwando. Mutum biyar-biyar ne a fili, kuma doka ta hana ka gudu riƙe da ƙwallo: ko ka riƙa buga ta a ƙasa, ko ka miƙa wa ɗan'uwanka. Nan na gane karatun langa ne aka sauya wa riga. Wani Ba'amurke, Oliver Johnson, ya shafe shekaru masu yawa yana horar da matasa a Zariya, kuma a hannunsa Bahaushe da Bayarabe da Ibo da ɗan kudancin Kaduna suka riƙa zufa a riga iri ɗaya. Cikin yaran da suka taso a Zariya suna wannan wasa akwai Masai Ujiri, wanda ya shugabanci ƙungiyar Toronto Raptors ta ƙasar Kanada har ta ɗauki kofin NBA a 2019. Bai manta mafari ba, domin tun 2003 ya kafa shirin Giants of Africa mai koya wa yaran Afirka wasan. Jami'o'inmu ma suna da gasarsu ta NUGA tun 1966, inda ɗalibin da bai taɓa ƙetare Kwara ba yakan yi aboki daga Ibadan ko Nsukka.

A Amurka, gasar jami'o'i ta ƙwallon kwando ta faro a 1939. Cikin watan Maris ake fara ta, ƙungiyoyi fiye da sittin, sili ɗaya ƙwale. Labarin da ya fi ratsa ni a cikinta shi ne na Hakeem Olajuwon, haifaffen Legas. Shi da abokinsa Clyde Drexler suka kai Jami'ar Houston wasan ƙarshe a 1983, aka doke su da ci 54 da 52 a daƙiƙar ƙarshe. Drexler ya tafi, Hakeem ya sake kaiwa wasan ƙarshe a 1984, ya sake faɗuwa. Kowa ya kama gabansa, aka yi shekaru suna karawa da juna a ƙungiyoyi daban. A 1995 Allah ya sake haɗa su a Houston Rockets, suka ɗauki kofi tare, a shekarar da Hakeem ya riƙa wasa da azumin Ramadan a bakinsa. Faɗuwar da suka sha tare ba ta raba su ba, ita ma ta ƙara ɗaure su. Mahaƙurci mawadaci.

Yaya aka yi dattijo a Hunkuyi ya san wannan? Domin an rubuta. James Naismith, wanda ya ƙago wasan a 1891, dokoki 13 ya zauna ya sa a takarda, shi ya sa wasan ya ƙetare teku bai ɓata ba. Tun daga nan ake ta wallafa littattafai kan 'yan wasa da masu horarwa da gasanninsu. Mu fa? A 1949 da 1950 wata Baturiya, Mary Smith, ta zauna da wata tsohuwa, Baba ta Karo, a Giwa da Zariya, tana rubuta abin da take faɗa. Littafin ya fito da Turanci a 1954, kuma har yau masu nazari na komawa gare shi don sanin yadda matan ƙasar nan ke ƙulla ƙawance da yadda 'yan mata ke wasanninsu. Tsohuwa ɗaya ke nan. Tsofaffi nawa muka binne a Kudan da Makarfi da Ikara da irin wannan sani a cikinsu? Alhali Zariya, gidan Kamfanin Gaskiya, inda Abubakar Imam ya yi aikin rubutunsa, tana nan kusa da mu.

Na san malamai sun yi magana a kan kiɗa da rawa, kuma inda aka cakuɗa maza da mata ko aka tozarta salla, gaskiya ce suka faɗa. Sai dai da muka rufe dandali ba mu buɗe wa yara wani fage ba. Yau kowane yaro na lungu da waya a hannu, yana da ɗaruruwan abokai da ba wanda zai zo masa jana'iza a cikinsu.

Don haka, iyaye, ku bar yara su yi wasa mai tsafta a idonku. Malaman makaranta, sanda biyu da ƙarfe da fili sun isa a kafa kwando, langa kuwa ba ta bukatar ko sisi. Ku shirya gasa tsakanin makarantun ƙananan hukumominmu uku, Kudan da Makarfi da Ikara. Ku kuma 'ya'yanmu da ke jami'a, in kun zo hutu ku ɗauki biro ku zauna gaban kakanninku mata, ku tambaye su yadda ake gaɗa da yadda aka yi suka sami ƙawayensu. Ku yi haka bana, tun masu ba da labarin na da rai.