In Maigida Ya Yi Tafiya, Wa Zai Buɗe Zaure?

Masu iya magana sun ce zumunta a ƙafa take. A zamanin da aka yi wannan karin magana, wanda yake son ganin ɗan'uwansa sai ya nufi zaurensa. In ya tarar da ƙofa a buɗe ya yi sallama, in kuwa maigida ya yi tafiya, sai ya koma da gaisuwarsa a baki. To, mu da neman ilimi ya jefo mu nesa da gida, mun sami wani irin zaure wanda ba da ƙafa ake zuwa ba, amma shi ma yana da maigida, kuma shi ma yakan rufe idan maigidan ya kau. Yadda muka yi har wannan zaure ya zauna a buɗe dare da rana, shi ne muke so mu labarta wa mai karatu.

Mu tara ne, kuma wasan da ya haɗa mu shi ne Minecraft, wanda wani ɗan ƙasar Suwidin mai suna Markus Persson ya fara fitarwa a 2009, kafin kamfanin Microsoft ya saye kamfaninsa na Mojang a 2014 a kan dala biliyan 2.5. A ɓangaren wasan na neman tsira da rai, ana jefa mutum cikin jeji ne hannu rabbana. Sai ya sari itace, ya fasa dutse, ya noma alkama, ya yi kiwon tumaki, ya kuma gina ɗaki kafin magariba, domin yini da dare duka minti 20 ne kacal, kuma da duhu ya shiga dodanni ke fitowa. Wanda aka kashe, duk abin da ke jikinsa zai zube a ƙasa, in bai koma da sauri ya kwashe ba ya ɓace. Mun fara ne a lokacin yajin aikin malaman jami'o'i na 2022, wanda ya ɗauki wata 8, sa'ad da kowa ya koma garinsu. Cikin wannan zaman jira muka kafa gari guda, da ganuwa da rumbuna da kasuwa, har da wata gada da ta ci mana mako uku.

Sai dai garin nan kacokan yana cikin wayar mutum ɗaya ne daga cikinmu, wanda muka laƙaba wa suna Maigida. Dalili kuwa shi ne, a irin wannan wasa dole a sami na'ura guda wadda ke riƙe da gaskiyar duniyar: ina wane yake tsaye, wace ƙofa aka buɗe, buhu nawa ya rage a rumbu. Ita ake kira sabar, wasu kuma su ce uwar garke. Sauran na'urori suna aika mata abin da masu su suka yi, ita kuma ta sanar da kowa sakamako. Idan aboki ya gayyaci abokansa cikin duniyarsa, wayarsa ce ke yin aikin nan biyu, tana wasa tana kuma riƙe gari. Saboda haka da zarar ya rufe wasan, ko cajinsa ya ƙare, ko aka kira shi aike, sai kowa ya tsinci kansa a waje.

Da farko abin dariya ne, daga baya ya zama abin damuwa. Ɗayanmu yana tsaron shagon yayansa, ba ya samun sarari sai bayan sallar isha'i. Wani kuma da asuba kaɗai intanet ɗin ƙauyensu ke da ƙarfi. Shi kuwa Maigida ya zama tamkar mai gadin da ba a biya, ana buga masa waya tsakar dare a ce ya tashi ya buɗe gari. Da ya gaji ya fara kashe waya, sai waɗanda suka rasa shiga suka soma kafa nasu ƙauyukan daban, biyu nan, uku can. Muna ji muna gani hirar da ke haɗa mu kullum ta fara tsinkewa. A nan ne muka zauna muka yi shawara, muka ce lalle a raba gari da aljihun mutum ɗaya.

Hanya ta farko da muka duba ita ce ta haya. Kamfanin da ya yi wasan yana da wani tsari mai suna Realms, inda ake biyan kuɗi wata-wata, su riƙe duniyar a kan na'urorinsu, abokai har 10 su iya shiga lokaci guda ko mai ita yana barci. Hanya ce mai sauƙi, amma kuɗin a ma'aunin dala yake, kuma tun da aka saki farashin naira a watan Yunin 2023, dala ta haura naira 1,000, abin da ya sa ɗalibi mai lissafin kuɗin garin kwaki ya sake tunani. Akwai kuma masu bayarwa kyauta, irin Aternos na ƙasar Jamus, inda mai duniya zai iya ba abokansa izinin kunna sabar da kansu. Sharaɗinsu shi ne, in ba kowa a ciki za ta mutu bayan 'yan mintoci, kuma mai son kunnawa wani lokaci sai ya bi layi.

Hanya ta biyu ita ce mu ajiye tamu na'urar. Kamfanin yana ba da manhajar sabar kyauta, wadda ake ɗorawa a kan kwamfuta mai Windows ko Ubuntu, ta yi ta aiki ba tare da an buɗe wasan ba. Tsohuwar kwamfutar tafi-da-gidanka ta isa mutum tara, kuma batirinta yana riƙe ta na ɗan lokaci in an ɗauke wuta. Muka yi lissafi: a ƙaddara tana cin wat 30, to a kwana 30 ba kashewa za ta ci yunit 21.6. A farashin naira 225 kowane yunit da aka sa wa masu rukunin farko a watan Afrilun 2024, wannan bai kai naira 5,000 ba. Amma lissafin takarda daban, zaman unguwa daban. Wutar da ba ta tsayawa sai an tallafa mata da janareto, shi kuwa man fetur tun cire tallafi a watan Mayun 2023 ya fi ƙarfin wasa. Bugu da ƙari, in na'ura ta mutu farat ɗaya tana cikin rubuta bayanai, duniyar na iya lalacewa. Sannan ga matsalar adireshi: kamfanonin waya kan haɗa masu hulɗa da yawa a ƙarƙashin adireshin intanet guda, ta yadda wanda ke waje ba zai iya ƙwanƙwasa ƙofar 19132 da wasan ke amfani da ita ba, sai an bi ta wata manhaja mai haƙa rami tsakanin na'urori, irin Tailscale ko ZeroTier.

Hanya ta uku ita ce hayar ɗan gurbi a cikin babbar kwamfutar wani kamfani a Turai, mu ɗora manhajar da kanmu. Ita muka zaɓa, muna sane da kuɗin nisa da za mu biya. Haske a cikin igiyar gilashi yana gudun kimanin kilomita 200,000 a daƙiƙa, kuma igiyar MainOne da aka shimfiɗa ƙarƙashin teku daga Fotugal zuwa Legas a 2010 tsawonta kilomita 7,000 ne. Zuwa da dawowa kenan sai sun ci kashi 70 cikin 1,000 na daƙiƙa, tun kafin a ƙara sauran tafiyar tudu. Wasan kuwa sau 20 yake bugun zuciya a daƙiƙa guda. Don haka mai kai wa dodo sara yakan ji takobinsa ya ɗan makara. Muka ce da rufaffen gari gara takobi mai nauyi.

Kuɗin haya muka mayar da shi kamar adashi, kowa da watan da zai biya. Amma abin da ya fi kuɗi wuya shi ne amana. Gari mai buɗaɗɗiyar ƙofa ɓarawo ma yana ganinsa, saboda haka muka rubuta jerin sunayen waɗanda kaɗai aka yarda su shiga. Muka ba mutum uku ikon shugabanci, domin in ɗaya ya yi tafiya a sami mai sulhu, kuma kada ɗaya ya zama sarkin da ba a ja da shi. Kowace Juma'a ana kwafe duniyar duka a ajiye a wuri biyu, a hannun mutum biyu. Maigida da kansa ya miƙa fayil ɗin garin, kuma duk mun san ba ƙaramin abu ya yi ba, domin wanda ya saba a jira shi ba kasafai yake son a daina jiransa ba.

Wani abu kuma da zama ya koya mana shi ne, duniyar da ba ta barci tana da nata haɗarin. A wasan Rust na kamfanin Facepunch na Ingila, in mutum ya fita, gangar jikinsa na nan kwance a ɗaki, kuma abokan gaba kan fasa gida su kwashe dukiya mai ita na barci. Masu wasan Don't Starve Together kuwa suna da zaɓin tsayar da lokaci in ba kowa, don kada hunturu ya riski gari ba mai tara itace. Namu wasan ya bi tsaka-tsaki: ko sabar na aiki, sassan ƙasar da ke kusa da ɗan wasa kaɗai ke motsi. Alkamar da aka shuka ba ta girma, tanderu ba ya ƙona ƙarfe, sai wani ya zo ya tsaya kusa. Ashe na'ura ƙofa kawai take iya buɗewa, raya gari kuwa sai mutane.

Yau wasunmu sun gama karatu, wasu na bautar ƙasa a jihohin da ba su taɓa zuwa ba. Kowa kan shiga a lokacin da ya samu, ya tarar wani ya gyara masa shinge, ko ya bar masa gurasa a akwati da 'yar takarda ta tsokana. Shawararmu ga 'yan'uwa ɗalibai ita ce, duk abin da jama'a suka gina tare, ƙungiya ce ko mujalla ko asusu, kada su bar mabuɗinsa a aljihun mutum ɗaya, komai kirkinsa, domin hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. Allah Ya bar zumunci.